Kwana Talatin Na Gwaggo Ozella

Kafin in lalubo takalmina ɗaya a ƙarƙashin gado, katafila ta riga ta kayar da bishiya ta uku. Na ji faɗuwarta har cikin haƙorana. Na tsallaka titi ƙafa ɗaya da silifa, ɗaya babu, na iske maƙwabciyata Ozella Gholston tsaye a gaban bishiya ta huɗu, ludayi a hannu, garin masara a goshi. Shekarunta saba'in da takwas, nauyinta bai kai buhun fikan guda ba, 'ya'yan bishiyoyin nan masu kama da gyaɗa, amma dole direban ya kashe inji.

"Ɗana, wa ya aiko ka?" ta tambaye shi.

 Shugaban aikin ne ya taho, wani dogo mai hular kwano, da takardu a hammata.

"Mama, ki matsa don Allah. Filin nan ya zama na hukuma. Sabuwar hanya za ta bi ta nan."

"Hukuma ce ta dasa bishiyoyin?"

"Ba na jin haka."

"To ni da ubana muka dasa su. Sittin da biyu ne. Saura sati uku 'ya'yansu su fara zubowa. Kai da wa kuka yi cinikin?"

Ya buɗe takarda ya miƙa mata. Dangin Gholston sun naɗa Lonzo Gholston wakilinsu, sun yarda ma'aikata su shiga fili. Sunaye sun cika shafi biyu. Na leƙa ta kafaɗarta. Ga sunanta nan na tara, da rubutun nan nata mai kwanciya gefe, wanda na sani a jikin kowace kwalbar zumar da ta taɓa ba ni.

Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce a hankali, "Wannan ai takardar riguna ce."

Duk mutumin Pinder Fork ya san taron Gholston. Kowane watan Agusta dangi suna sauka daga Detroit da Newark da ko'ina, su ci su sha a inuwar bishiyoyin nan, kowa da riga iri ɗaya mai hoton kakansu Isom a ƙirji. Mai son riga yana sa hannu a takarda, haka ake yi tun da. Bana Lonzo, ɗan ƙanenta marigayi Cleon, shi ya zagaya da takardar a kan allo, an naɗe samanta. Matarsa Darnetta tana biye da shi da jaka. Tana aiki a ofishin inshora, tana da hatimin nan na shaida wanda idan ta buga, kotu ba ta musu.

Mai hular kwano ya ga abin da ke faruwa, ya sauke murya.

"Mama, fili kam ya tafi, ba mai dawo da shi. Amma kuɗin diyya, duk wani magaji yana da ikon ya je kotu ya ce bai yarda ba. Kwana talatin ne daga ranar da wasiƙa ta zo."

"Wace wasiƙa?"

Ba mu rufe baki ba sai ga motar Lonzo, sabuwar a-kori-kura baƙa wuluk, ko ledar kujerun ba a cire ba. Ya diro da tumbinsa da murmushin nan nasa na dattijon coci, wanda yake yi idan yana zagayawa da farantin baiko, wanda ake saka sadaka a ciki.

"Gwaggo, me kike yi a rana haka? Anti Luvenia, ke ma kin bar ta?"

"Ina wasiƙata, Lonzo?"

"Tana gidana, lafiya lau. Ba ke kika ce ɓarayin akwatin wasiƙa sun dame ki ba, na mayar miki da adireshi wajena tun Fabrairu?"

"Yaushe ta zo?" na tambaya.

Ya dube ni kamar ƙuda ya faɗa masa a shayi. "Juma'ar nan da ta wuce, sha ɗaya ga wata. Akwai lokaci tuli. Ni da kaina zan kai ta wajen lauya. Amma yanzu a bar bayin Allah su yi aikinsu."

Ozella ta ƙirga da yatsu. Sha ɗaya ga Oktoba, kwana talatin, goma ga Nuwamba. Ta gyaɗa kai.

"Ba komai. Ina da gwangwanina."

Gwangwanin biskit ne shuɗi, yana zaune a kan firij tun kafin in tare a unguwar. A ciki akwai rasit ɗin harajin fili na shekara arba'in da ɗaya, kowanne da sunanta. Kaka Isom ya sayi eka goma sha takwas da guminsa, ya mutu bai bar wasiyya ba, domin a zamaninsa baƙar fata bai shiga ginin kotu da ƙafarsa sai an kai shi. Fili ya zama na kowa. Kowa ya tafi birni. Ozella ta zauna, ta yi jinyar uba, ta yi jinyar uwa, ta tara fikan buhu-buhu kowace kaka ta biya haraji. Mu duka a nan mun tashi da magana ɗaya: wanda ya zauna a fili yake biyan haraji, shi ne mai fili. Ni ma da an sa ni rantsuwa a kai, da na rantse.

Kafin azahar Lonzo ya kira wasu ƙarti biyu sun kwashe gidan. Kayanta suka tafi ɗakin ajiya na haya a bakin gari. Ita kuma ya buɗe mata ƙofar mota da ladabi, har da riƙe mata hannu.

"Gidana gidanki ne, Gwaggo. Darnetta ta gyara miki ɗaki."

Ɗakin gareji ne.

Na je ranar Alhamis da burodin masara. Sun ture injin yankan ciyawa gefe, sun kafa mata gadon ƙarfe tsakanin injin wanki da firizar nama. Taga babu. Idan injin ya fara matse kaya, gadon rawa yake yi. Darnetta ta tarye ni da farce ja zur, tana kaɗa su don su bushe.

"Kin ga yadda muka yi mata? Ba matakala, ba hayaniyar talabijin. Likita ma ya ce tsofaffi sun fi son shiru."

"Wane likita?"

"Likita dai. Ɗakin baƙi kuma kin san injin motsa jikin Lonzo yana ciki, ga hawan jininsa."

Ozella tana zaune a bakin gado da hularta ta zuwa coci a cinya, don ba ƙusar da za ta rataye ta.

"Yaya Ozella, tashi in kai ki kotu yau. Motata na waje."

"Da me zan je, Veni? Hannu rabbana? Gwangwanin yana cikin kayan da suka kai ajiya. Lonzo ya ce Litinin zai ɗauko."

"Ki je ko ba shi. Ki ce ba ki yarda ba, shi ke nan."

"Su tambaye ni shaida in ce me? Ubana ya ce kada ka shiga wa Bature ofis ba takarda a hannu. Kuma ɗan Cleon ne. Ni na yaye shi."

Litinin ta zo, mabuɗin ɗakin ajiya ya ɓace. Laraba aka gan shi, amma lauyan ya tafi jana'iza. Wane lauya, ba a faɗa ba. Juma'a Lonzo yana da taron dattawan coci. Kullum da safe yakan leƙa gareji da kofi a hannu.

"Gwaggo, kin tashi lafiya? Kada ki sa damuwa a ranki. Gaggawa aikin shaiɗan ce."

A tsallaken titina kuwa gaggawa ake yi. Kowace rana bishiya biyar, shida. Suna faɗuwa 'ya'yan suna watsewa kore shar, ba su nuna ba, kurege ma ba ya ɗauka. Ranar ta tara suka ture gidan. Bai ɗauke su minti ashirin ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne motar da ke kwashe gungumen. A ƙofarta an liƙa sabon rubutu: Gholston da 'Ya'yansa, Sharar Fili. Lonzo ba shi da ɗa ko ɗaya.

Na tare shi a gidan mai.

"Kai aka ba kwangilar kwashe itacen?"

"Da a ba bare, ba gara ɗan gida ba? Aƙalla albarkar ta tsaya a dangi."

"A dangi ko a aljihunka? Nawa hukuma ta biya?"

Alfahari ya ci ƙarfinsa. "Dala dubu ɗari biyu da sha shida. Wa ya taɓa ganin irin wannan a Pinder Fork?"

"Na Yaya Ozella nawa a ciki?"

"Doka ce ta raba, ba ni ba. Kaka Isom 'ya'ya tara. Baba Booker, uban su Gwaggo, shida ya haifa. Ki yi lissafi."

Na yi. Dubu huɗu.

"Dubu huɗu, Lonzo. Da gida, da bishiya sittin da biyu."

"Gidan ai a takarda rumfa ce, ba a taɓa yi masa izinin gini ba. Bishiyoyin kuma mai kimantawa ya rubuta su daji."

Na tuna ranar. Watan Fabrairu ne, bishiyoyin tsirara ba ganye, kuma ranar ce Lonzo ya kai Ozella asibitin ido a birni, tafiyar yini guda. Wani saurayi ya zo da na'urar hoto ya zagaya, ya leƙa taga, ya roƙe ni ruwa. Na ba shi har da ƙanƙara. Ban tambaye shi ko wane ne ba. Daga baya na ji abin da ya rubuta: gida ba kowa, mai shi tana zaune wajen ɗanta. Adireshi ma ya nuna haka. Saboda wannan layi ɗaya, kuɗin da hukuma ke ba wanda ta tasa daga gidansa don ya nemi wani, Ozella ba ta cikin masu samu.

"Kai kuma naka nawa?"

"Anti, tankina ya cika."

Ba sai ya faɗa ba. A shagon gyaran gashi an san komai. Tun bara yake bugawa 'yan'uwa na nesa waya, yana ce musu fili ya zama kaya, haraji ya taru, gwamnati za ta ƙwace. Ya saye rabon wannan dala ɗari uku, na wancan ɗari biyar, su kuma suna gode masa. Ya ji labarin hanyar tun kafin a buga a jarida, wajen wani abokin kamun kifinsa. Fiye da rabin kuɗin nasa ne. Za a ce to mai rabi ai shi ya fi kowa son a ƙara farashi. Haka ne, idan takardunsa za su jure idon alƙali. Wanda ya ɓoye mushe a ɗaki ba ya gayyatar mai hanci.

A gareji Ozella tana ƙarewa kamar sabulu. Sanyi ya fara shigowa ta ƙarƙashin ƙofar ƙarfe, ta kama tari. Darnetta ta ce na'urar ɗumama ɗaki tana cin wuta, ta ba ta bargon kare da aka wanke. Abinci sai sun gama nasu. Katin fanshonta yana jakar Darnetta, wai don kada ta yar. Ita da ta ciyar da mutum tamanin a yini ɗaya kowane Agusta, yanzu an hana ta taɓa murhu.

"Hannunta rawa yake yi," in ji Darnetta. "In ta ƙona mana gida fa? Ita dai ta saba rasa gida, mu ba mu saba ba." Ta yi dariya ita kaɗai.

Abu ɗaya Ozella take yi. Ta samu kalandar gidan jana'iza ta liƙa a jikin firiza, kowace safiya ta soke rana da fensir.

"Saura goma sha biyu, Veni."

"Saura tara."

Wata rana ta ce, "Ko Earline ba ta rubuto ba. Tun sanyin bara ban ga wasiƙarta ba." Earline 'yar baffanta ce a Detroit, tare suka yi ƙuruciya. Kunnuwan su biyun sun yi nauyi, waya ba ta yi musu, sai wasiƙa duk wata. Bana ba ta zo taro ba. Lonzo ya ce gwiwa ce ta hana ta, tana gaida kowa. "Da ta ji, da ta zo ko da rarrafe," in ji Ozella.

Lahadi uku ga Nuwamba ita ce ranar bikin cocinmu na shekara. Bayan addu'a ana cin abinci a fili. Lonzo ne ya ɗauki nauyin gashin nama, Fasto Ledbetter ya sanar daga mumbari, aka tafa masa. Ya kafa ƙatuwar tukunyar gashi a bayan coci, ya ɗaura farin ƙyalle a ciki, yana juya haƙarƙari yana raha.

Na riƙo hannun Ozella muka fito. A kan matakala ta tsaya cak. Ta ɗaga hanci.

Hayaƙin fikan ba ya ɓuya. Zaƙi gare shi, kamar ana toya sukari a nesa. Ta saki hannuna ta nufi wajen, mutane suna darewa. A gefen tukunyar an jibge itace an faskare, tsaf-tsaf. Ta sunkuya ta ɗauki guda. A jikin ɓawon akwai ragowar farin fenti, irin wanda take shafa wa gindin bishiyoyinta duk bazara.

"Lonzo."

"Gwaggo, a sa miki mai laushi?"

"Wannan ta bakin rijiya ce. Ranar da aka haifi ubanka aka dasa ta."

Kitse yana ɗiga a wuta.

"Itace itace ne, Gwaggo. Da ruɓewa zai yi. Ga shi yau yana ciyar da bayin Allah."

"Ba ni mabuɗin ɗakin ajiya."

"Gobe in Allah ya kai mu zan..."

"Yanzu. A gaban Fasto."

Fasto Ledbetter yana tsaye da faranti, maiƙo har haɓa. A watan jiya Lonzo ya biya kuɗin sabon rufin coci, sunansa na jikin allo a ƙofa. Fasto ya yi gyaran murya.

"'Yar'uwa Ozella, abin gida a gida ake kashe shi. Littafi ya ce mu yi haƙuri da juna."

"Littafi ya kuma yi maganar mai matsar da iyakar gonar gwauruwa, Fasto. Ko wannan shafin ya tafi da tsohon rufi?"

Wata a baya ta tuntsire da dariya ta toshe baki. Lonzo ya duba fuskoki, ya ga ciniki ya ɓaci. Ya zaro mabuɗin daga aljihun gaba, inda yake tun farko, ya ajiye a tafinta. Har da murmushi. A lokacin ban gane dalilin murmushin ba.

Litinin ƙarfe tara muna ofishin magatakardar kotu. Ozella ta sa rigarta mai ruwan toka da hula da safar hannu, gwangwani a ƙirji kamar jariri. Matar da ke bayan gilashi, mai tabarau a sarƙa, ta saurare mu da kyau. Ozella ta buɗe murfi ta fara jera rasit a kan kanta, shekara bayan shekara, tana lallashe kowanne da yatsa.

"Arba'in da ɗaya ne. Ban taɓa makara ba. Ko shekarar guguwa na biya."

Matar ta dube su, ta dube ta. "Mama, wannan ya nuna kin biya haraji. Bai nuna filin naki ne ke kaɗai ba. A doka, kin biya wa kowa ne."

"Na biya wa kowa."

"Haka ne. Amma don ki ƙi farashi, ba ki buƙatar ko ɗaya daga cikinsu. Takarda ce shafi ɗaya. Sunanki kawai, da cewa ba ki yarda ba."

Na ji Ozella ta ja numfashi. Sati uku tana jiran gwangwanin da ba a buƙata.

"To ba mu takardar," na ce. "Saura kwana shida."

Matar ta buga wani abu a na'ura. Ta cire tabarau. Ta juyo mana da fuskar na'urar. Ga hoton katin karɓar wasiƙa, ga sa hannun Darnetta da ƙaton D kamar kunnen tulu, ga kwanan wata. Ɗaya ga Oktoba.

"Lokacin ya cika ranar Alhamis da ta wuce. An rufe. Jiya ma... a'a, Juma'a wakilin dangi ya zo ya karɓi takardar fitar da kuɗi. Ki yi haƙuri, Mama. Ki nemi lauya, ko da wata hanya, amma ta nan kam babu."

Ranar Alhamis ɗin nan ina gareji. Na ga Lonzo ya shigo da kek ɗin shago, abin da bai taɓa yi ba, ya ce yau Gwaggo ta huta, kada ta fita ko'ina, iska ba kyau.

Ozella ba ta yi kuka ba. Ta tattara rasit ɗinta ɗaya bayan ɗaya, ta jera su yadda suke, ta rufe. Ta ce wa matar, "Na gode, 'yata." A hanyar dawowa muka wuce inda gidanta yake a da. Jar ƙasa ce shimfiɗe har bakin rafi, da 'yan tutoci masu ruwan lemo.

"Ashe wurin ƙarami ne," ta ce.

Mun iske su a baranda. Lonzo yana kan kujerar lilo, na gane ta, ta Baba Booker ce, ita kaɗai ba ta tafi ɗakin ajiya ba. Darnetta tana riƙe da wata takarda mai hoton tsofaffi suna dariya a cikin furanni.

"Ɗaya ga wata, Lonzo," na ce.

Bai ko daina lilo ba. "Ɗaya, sha ɗaya. Mutum da ayyuka a kansa yana iya ruɗewa. Kuma tsakani da Allah, Anti, na hutar da ita ne. Shari'a da hukuma shekara uku ce, huɗu. Lauyoyi su cinye kuɗin. Tana da shekara huɗun? Ni na kalli gaskiya, ku kuna kallon bishiya."

"Dubu huɗunta fa?"

"Suna nan a ajiye. An ɗan taɓa, kuɗin ɗakin ajiya da masu kwasar kaya da abinci. Komai da tsada yanzu."

Darnetta ta miƙo takardar. "Gwaggo, mun samo miki wuri mai kyau. Mutum biyu kacal a ɗaki. Fanshonki ya isa daidai. Ni ma garejin nan ina so in buɗe ɗan shagon farce, kin san zama ba sana'a babu daɗi."

Na sha ganin ɓarayi a rayuwata. Na yi shekara talatin a masana'antar kaji, na ga manajan da ke satar minti biyar a agogon kowa. Amma wancan bai taɓa cin abinci a hannunmu ba. Hukuma ta zo da katafila da rana tsaka, ta faɗi farashinta, ta bar ƙofa a buɗe kwana talatin ga mai ƙorafi. Rowa ta yi, amma a fili ta yi ta. Wanda ya tsaya a bakin ƙofar nan ya tare ta da tumbinsa har ta rufe, shi ne yaron da Ozella ta goya, ta fasa wa fikan da haƙorinta lokacin da nasa ba su fito ba. Kuma ranar Lahadi shi zai zagayo da farantin baiko, mu kuma mu saka.

"Ɗauko jakarki, Yaya," na ce. "Ɗakin ɗinkina yana da taga."

"Wannan kuma shiga sharo ba shanu ne, Anti," in ji Lonzo. "Ke ba jininmu ba ce."

"Na gode wa Allah."

Ozella ta shiga gareji ta fito da jaka ɗaya da hula. Gwangwanin ta ajiye a kan cinyar Lonzo.

"Riƙe. An ce kai na biya wa."

Muna saukowa matakala wata mota fara ta tsaya a bakin ƙofa, ƙurar doguwar tafiya har gilashi, da lambar Michigan, jihar da Detroit take. Wata mata ta fito, za ta yi shekara hamsin da 'yan kai, da baƙar riga ta ofis da jakar takardu. Ba ta yi murmushi ba. Ta dube mu ɗaya bayan ɗaya, idonta ya tsaya kan Ozella.

"Ke ce Gwaggo Ozella. Hotonki yana kan madubin Mama. Ni ce Renita, 'yar Earline."

Ozella ta saki jaka. "Earline ta aiko ki? Yaya gwiwar tata?"

 Renita ta kalli Ozella, ta kalli akwatin wasiƙar da ke bakin titi mai sunan Lonzo, ta sake kallon Ozella.

"Sau uku na rubuto miki, Gwaggo. Mun binne Mama ranar tara ga Maris."

Kujerar lilo ta tsaya.

Na riƙe Ozella ta kafaɗa. Renita ta buɗe jaka ta zaro takarda guda, ta hau matakalar a hankali, ƙwas, ƙwas, har ta tsaya a gaban Darnetta.

"Ina rufe lissafin gadonta ne na ci karo da wannan. Wai uwata ta sayar wa Lonzo da rabonta, kashi ɗaya cikin tara na filin Kaka Isom, a kan dala ɗari biyar. Ta sa hannu a nan garin, ranar sha bakwai ga Agusta, a gaban mai hatimi." Ta ɗaga takardar daidai hancin Darnetta. "Shekarata ashirin da biyu ina aiki a ofishin mai gabatar da ƙara. Ban taɓa ganin wadda ta yi wata biyar a kabari ta yi rubutu mai kyau haka ba. Wace ce Darnetta Gholston a cikinku?"

Darnetta ta juya ta dubi mijinta. Lonzo yana kallon gwangwanin da ke cinyarsa.

Ozella ta share ido da bayan safar hannu, ta gyara zaman hularta.

"Veni," ta ce, "ajiye jakar tukuna. Jawo mini kujera."